Ƙafar Bahago

Ranar da masu ɗaukar fim suka iso ƙauyenmu, ina tsugune a rumfata ina neman hujin wata tayar keke a cikin bahon ruwa. Sana'ata ke nan, faci. Ina liƙe taya, ina liƙe ƙwallo, in yamma ta yi kuma in rataya usur in zama alƙalin wasan yara. Ba doka na sani ba, ni kaɗai ne dai babban da ba shi da aikin yi a wannan lokacin. Tumbina ya hana ni gudu, saboda haka daga tsakiyar fili nake yanke hukuncin abin da ya faru a bakin raga.

Su uku suka sauko daga motar. Akwai darakta, wani siriri mai gemu, ya naɗa ɗan ƙyalle a wuya duk da zafin da ake yi. Akwai mai kyamara. Sai wata budurwa riƙe da doguwar sanda, an ɗaura wa kanta wani abu mai gashi kamar mushen kyanwa, wai shi ke ɗaukar magana. Daraktan ya ce daga birni suke, sun zo ne su nuna wa duniya mutanen da aka manta da su, da yaransu masu buga ƙwallo. Mu dai ba mu san an manta da mu ba sai ranar. Mun gode da aka zo har gida aka gaya mana.

Da yamma suka zo fili. Ɗan ƙanwata, wanda kowa ke kira Bahago, shi ne abin kallo a ƙungiyarmu. Bai wuce shekara goma sha biyar ba, amma in ya ɗora ƙafar hagun nan a kan ƙwallo, har masu wucewa da jakuna tsayawa suke yi. A ranar takalmansa na ƙwallo suna rumfata, ƙasan guda ya buɗe baki na ce zan ɗinke. Shi kuma ba ya iya zaman kallo, sai ya shiga haka nan, ƙafa ba takalmi. Ya yanke mutum uku ya zura ta a raga.

Darakta ya dafe ƙirji. "Ku duba! Ko takalmi ba shi da shi! Wannan shi ne fim ɗin. Wannan shi ne!"

Na buɗe baki zan ce takalman suna nan a kan bencina, sai na ji an take min ƙafa. Wan Bahago ne, babban ɗan gidan, wanda ya gama makaranta ya dawo yana gadin inuwar kanti. Kafin rana ta faɗi ya naɗa kansa wakilin ƙaninsa, ya aro tabarau, yara suka sa masa suna Manaja.

Washegari da safe uban Bahago ya zo rumfata da kansa. Mijin ƙanwata mutum ne da ko hoton ɗan wani ake ɗauka sai ka ga hularsa a ciki. Tunda ya auri ƙanwata bai taɓa zama a bencina ba, ranar ya zauna.

"Kawun yara, ina takalman nan?"

"Ga su, na ɗinke. Bari yaron ya zo ya gwada."

"Kawo in ajiye. Mutanen nan ƙafa suke so su gani."

"Ƙafar tana ciki ai, ba inda za ta."

"Kai komai sai ka mai da shi wasa. Fim ɗin nan har ƙasashen waje za a kalle shi. Masu neman 'yan wasa za su gani. In suka ga takalmi, me ya bambanta shi da ɗan kowa?"

Ya cusa su a ƙarƙashin riga ya fita yana waige-waige.

Shi ma darakta filinmu bai yi masa ba. Filin makaranta ne, shimfiɗaɗɗe, da turakun ƙarfe da muka kafa da hannunmu. Ya ce ya yi tsaf da yawa, ba ya nuna gaskiyar rayuwarmu. Ya zagaya gari har ya samo gaskiyar rayuwarmu a bayan tsohon shagon injin niƙa da ya rushe, inda ake zubar da shara. Ya ce hasken yamma a wurin yana da kyau. Muka kafa sanduna biyu-biyu, muka kori awaki. Sannan ya tara mu ya yi mana bayani: wasa guda za a ɗauka, amma a kwanaki da dama, in an haɗa ya zama kamar yamma ɗaya. Don haka rigar da ka sa yau ita za ka sa gobe, kada a wanke, kada a yi aski, kada a ƙara komai, kada a rage komai.

"Komai ya zauna kamar jiya," in ji shi.

Manaja ya maimaita maganar a hankali, kamar mai haddar karatu.

A yammar farko a sabon filin, Bahago ya taka wani yankin tsohon kwanon rufi da ƙasa ta binne, bakinsa kawai ya fito. Na ga lokacin da ya ɗaga ƙafar ya yi tsalle biyu. Na busa usur. Manaja ya riga ni isa, ya rungume shi kamar mai taya shi murna, ya ja shi bayan bango. Da na iso ina haki, na ga tafin ƙafar ya tsage daga gindin babban yatsa zuwa tsakiya, ga tsatsa a bakin ciwon.

"Wannan sai malamin asibiti," na ce. "A wanke, a ɗinke, a yi masa allura."

"A naɗa masa bandeji fari fat ke nan," in ji Manaja. "Jiya ba bandeji, yau bandeji? Kawu, ba ka ji abin da aka ce ba?"

Bayan an tashi ya biyo ni rumfa wai in ba shi salushan ɗin da nake facin taya. Na tambaye shi tayar wa. Ya matso wajen bencina. Na ce masa in ya ƙara taku ɗaya zan sauke masa famfon nan a ka. Ya tafi kanti ya sayo gam ɗin nan na cikin ɗan ƙaramin bututu, wanda ke kamawa nan take, da ake liƙe fasasshen kofi da shi. Ƙanwata ta gaya min yadda aka yi. Uban ya danne gwiwa, Manaja ya matse bakin ciwon ya tsiyaya gam, suka riƙe har ya bushe. Sannan suka shafa ƙasa a kai don launin ya zama ɗaya da sauran tafin.

Ni da na shekara ashirin ina faci, ban taɓa liƙe taya ba tare da na fara cire ƙusar ba.

Na je gidan. Na tarar da uban a ƙofar gida yana gwada hula a madubin babur.

"Kwana biyu ne kawai," ya ce. "Da sun tafi ni da kaina zan goya shi zuwa asibiti."

"Ciwon zai jira su tafi?"

"Namiji ne. Mu da muna yara sau nawa fartanya ta sare mu? Ga ni nan, me ya same ni?"

Na dube shi sama da ƙasa. Na so in gaya masa abin da ya same shi, sai na tuna ƙanwata ce za ta kwana a gidan.

A tsakar gida na same ta tana wanke-wanke, tana ta saɓa kwano guda wanda ya riga ya fita.

"Ke ba ki da baki ne?"

"Yaya, na yi magana. Ya ce in na ƙara, in bi ka rumfa mu riƙa facin tare."

Bahago na zaune a bakin ɗaki ya ɗora ƙafar a kan turmi. Ya yi min murmushi. "Kawu, ba zafi sosai. Sai dai tana bugawa, kamar akwai zuciya a ciki."

Kwana biyun suka wuce, masu fim ba su gama ba. Wata rana gajimare ya ɓata musu haske, wata rana batirinsu ya mutu. Kullum da yamma sai a fito da yaron cikin jar rigarsa da ba a wankewa. Ya fara takawa da gefen ƙafa. Darakta ya lura, ya ce wa mai kyamara ya matso kusa, wai yaron yana da wata irin tafiya ta musamman. In gam ya ɗan ɗago, Manaja ya ƙara wani a bayan bango. Bututun yana aljihun gaban rigarsa, kusa da biro.

Ƙafar ta kumbura har yatsun suka rabu da juna. Kaluluwa ta fito masa a matsematsi. Ya daina cin abinci, sai ruwa. Wata goggonsu, yayar uban, ta zo ta duba, ta taɓa goshinsa ta janye hannu da sauri, ta ce wannan bakin mutane ne, tunda aka zaɓe shi aka bar 'ya'yansu ai dole. Ta ba da shawarar a daina barinsa yana zama a waje. Aka mai da shi ɗakin baya inda ake ajiye buhuna, aka ce a nan zai fi hutawa.

Na ga ba makawa sai in je wurin darakta. Na same shi a gindin bishiya yana kallon abin da suka ɗauka. Na ce masa yaron nan yana da ciwo a ƙafa, ciwo babba, an liƙe shi da gam.

Ya cire abin sauraron da ke kunnensa. "Gam?" Ya yi 'yar dariya, yana jiran in ce wasa nake. Da ya ga ban ce ba, ya aika a kira uban.

Uban ya iso da Manaja a bayansa. "Ranka ya daɗe, ƙwarzane ne. Wannan da kake gani kawunsa ne, mai faci. Shi ko sauro ya cije ka sai ya ce a kawo ya liƙe."

Aka yi dariya, har da mai riƙe da mushen kyanwa. Ban ga laifinsu ba. In ka ga mutum da tumbi da usur da baƙin mai a gaban riga, ba shi za ka tambaya labarin lafiya ba.

Darakta ya ce shi ba ya aiki sai da yardar mutane, wannan ƙa'idarsa ce. A kira yaron ya ji daga bakinsa. Aka kawo Bahago. Uban ya dafa kafaɗarsa, na ga yatsun sun nutse a cikin rigar.

"Abokina, za ka iya? In ba za ka iya ba ka faɗa, kada ka ji komai. Akwai wancan yaron mai lamba bakwai, sai mu koma kansa."

Mai lamba bakwai ɗan gidan mai shayi ne, wanda uban Bahago ba ya ga maciji da shi tun wata rigimar iyakar gona. Na ga wuyan surukin nawa ya ƙage.

Bahago ya dubi ubansa, ya dubi ƙasa. "Zan iya."

"Ka ji ko, Kawu?" in ji darakta, har da dafa ni. Ya mai da abin kunnensa. Mutumin ya yi tambaya, an ba shi amsar da aljihunsa yake so, shi ke nan ya fita hakki.

Washegari da hantsi, lokacin uban na gona, na shiga gidan na ɗauko yaron na ɗora shi a bayan kekena. Jikinsa kamar garwashi. Ƙanwata ta riƙe mana ƙofa. Ɗakin shan magani yana ƙauyen gaba. Na taka iya ƙarfina, wanda ba shi da yawa. Ko gadar bakin gari ba mu kai ba Manaja ya cim mana a kan babur, ya gitta a gabanmu.

"Kawu, satar yaro ka koma?"

"Matsa, ɗan banza. Ka sunkuya ka shinshina ƙafar nan."

"Yau ce ranar ƙarshe! Bugu ɗaya ya rage, fenariti. Duk wahalar da muka sha ta tashi a banza saboda yamma ɗaya?"

"Wace wahalar ka sha? Tabarau ne ya yi maka nauyi?"

Bahago ne ya sauko da kansa, da ƙafa ɗaya. "Kawu, bari in buga. In ban buga ba, ba zan iya zama a gidan ba." Ya hau bayan babur. Na tsaya a tsakiyar hanya riƙe da keke, wani mai amalanke ya ce in matsa.

Da yamma gari kaf ya hallara a bayan shagon injin. Uban ya sha sabuwar riga, har darakta ya roƙe shi ya koma ya sa ta jiya. Aka ajiye ƙwallo. Aka shafa wa ƙafar ƙasa, amma ƙasa ba ta ɓoye kumburi, don haka Manaja ya ce wa mai kyamara ya fi kyau a ɗauko daga dama. Aka ce in busa. Na ƙi. Manaja ya fizge usur ɗin daga wuyana ya busa da kansa.

Yaron ya yi taku uku ya buga da hagun. Na ji ƙarar da na sani, irin ta tayar da aka cika wa iska fiye da kima. Gam ɗin ya balle. Abin da ya fito daga ƙafar ba zan rubuta shi ba. Ƙwallon ta gangara a hankali, ta tsaya kafin ta kai ga mai tsaron gida. Bahago ya faɗi a kan fuskarsa.

Mai kyamara bai ɗaga kai ba sai da warin ya kai masa. Darakta ya yi ta cewa, "Ba wanda ya gaya min. Me ya sa ba wanda ya gaya min?" Ina tsaye a gabansa yake faɗin haka. Na ce su ɗauke shi a motarsu. Ya ce motar cike take da kaya masu tsada, kuma hanyarsu ba ta nan ba ce, amma ya ba mu kwalin filasta guda da lambar wayarsa. Uban ya karɓa da hannu biyu, ya yi godiya, ya ce kada su damu, yaron ya saba suma in ya ji daɗi. Bai bari an nemi mota ba sai da tasu ta ɓace a kwana.

A bayan motar kayan gwari muka kai shi babban asibiti, kansa a cinyar uwarsa. Likitar wata mace ce mai furfura. Ta buɗe ƙafar, ta ɗauko ɗan ƙarfe ta ɓanɓaro wani busasshen abu, ta ɗaga shi a haske.

"Wane ne ya yi wannan?"

Uban ya gyara tsayuwa. "Likita, yaran yanzu sai addu'a. Shi ya ɓoye mana. Son ƙwallo ya rufe masa ido. Da mun sani, ai da tuni mun kawo shi."

Bahago idonsa biyu a lokacin. Ya ji. Ya juya fuskarsa bango.

Sun yanke ƙafar daga ƙasan gwiwa. Likitar ta ce da an kawo shi ranar da ya taka kwanon, ɗinki ne da allura, ya koma gida da ƙafarsa.

Da aka sallamo shi, ɗakin buhunan nan aka mai da shi, wai ya fi kusa da bayi. 'Yan dubiya suka yi ta zuwa, kowa aka ba shi labarin da aka ba likita, har labarin ya zauna daram. Goggo ta ce dama ta faɗa. Manaja ya ce shi ya fi kowa asara, don ya riga ya fara magana da mutane a waya. Uban ya ce ƙaddara ce, kuma mai imani ba ya tone-tone. Ba wanda ya ƙara ambaton ƙwallo a gaban yaron, wannan kuma suka kira shi tausayi.

Bayan damina masu fim suka aiko cewa za su zo su nuna mana aikin. Darakta ya tambayi Manaja a waya ya jikin abokinsa, Manaja ya ce ai tuni ya warke. Daga nan kuma sai aka shiga neman inda za a sa yaron. Uban ya yanke cewa za a ce ya tafi gwaji wata ƙungiya a birni. Ya ce bai kamata a ɓata wa baƙi rai ba bayan sun yi wannan doguwar tafiya, kuma fim ɗin yanzu ya fara suna, kada a ja masa abin magana.

Da rana aka yi nunin, a babban ajin makaranta, aka toshe tagogi da barguna. Makarantar katanga ɗaya ta raba ta da gidan. Na ga uban ya wuce gaba, Manaja na biye da shi da tabarau. Ni ma an ce na fito a ciki, wai har an rubuta a ƙarƙashin tumbina cewa ni ne kocin ƙauye. Ban shiga ba. Na zagaya ta lungu zuwa ɗakin baya. Akwai kwaɗo a ƙofar. Ƙanwata na zaune a ƙasa ta jingina da ita, mabuɗin kuma yana aljihun mijinta a cikin aji.

Na leƙa ta 'yar tagar. Yana zaune a kan buhu, sandunansa a jingine da bango.

"Kawu, ba ka je kallon kanka ba?"

"Na san yadda nake. Ba abin a biya mota a zo gani ba ne."

Ya ɗan yi dariya. Ta cikin katanga muna jin kiɗan fim ɗin, da muryar darakta yana bayani a hankali kamar mai ta'aziyya, da muryar uban yana cewa tun yaron na rarrafe ya gane baiwarsa. Sai kiɗan ya tsaya. Aka ji usur. Sai ajin ya ɗauka gaba ɗaya, ihu da tafi da buga tebur, ana kiran Bahago, Bahago.

Wani yaro ya leƙo ta kan katanga yana yi wa na waje bushara: "Ta shiga! Wallahi ta shiga, ta sama ta kwana!"

Ashe sun ɗauko ƙwallon da ya ci ranar farko a filin makaranta sun manna ta a bayan bugun ƙarshe. Duk wanda ke cikin ajin nan yana bayan shagon injin a waccan yammar. Da idonsu suka ga inda ƙwallon ta tsaya, wasunsu har sun toshe hanci. Su ne suke tafin.

"Ba ta kai ba, Kawu," in ji Bahago. "Na gan ta kafin in faɗi."

"Na sani."

Daga cikin aji muka ji muryar uban ta fi ta kowa, yana cewa a maido wurin baya, a maido, mutanen baya ba su gani da kyau ba. Aka maido. Aka sake busa usur. A karo na biyun ma ta shiga.

"Kawu," ya ce, "ja min tagar nan."

Na ja masa.